Baƙin da Suka Yi Yaƙin Sifaniya: Wa Ya Samu Mai Ba da Labarinsa?

A watan Mayun 2021 wani dattijo mai suna Josep Almudéver ya rasu a Faransa yana da shekara 101. Shi ne na ƙarshe da aka sani a raye cikin mayaƙan Rundunar Ƙasa-da-Ƙasa, taron 'yan sa-kai da suka baro ƙasashe fiye da 50 suka shiga yaƙin basasar Sifaniya na 1936 zuwa 1939. Delmer Berg, na ƙarshe cikin Amurkawa, ya riga shi tun Fabrairun 2016 yana da shekara 100. Yanzu babu sauran wanda za a zauna gabansa a ce, "Baba, me idonka ya gani?" Gadon labarin ya koma hannun masu sana'a biyu: masanin tarihi mai tonon takardu, da mai shirya fim da ya yi sammakon ɗaukar muryar tsofaffin kafin ƙasa ta rufe musu ido. Kowannensu yana da abin da yake iya gani da abin da ke kuɓuce masa. Akwai kuma wani lungu da su biyun suka daɗe ba su leƙa ba, kuma a nan ne mafi yawan 'yan Afirka da suka yi wannan yaƙi suke.

Daga ƙasar Afirka ma tawayen ya fara. Ranar 17 ga Yulin 1936 hafsoshin soja a Melilla, a gaɓar tekun arewacin Maroko, suka yi wa gwamnatin Jamhuriya bore, watanni biyar bayan zaɓen da ya ba gamayyar jam'iyyun talakawa da 'yan ƙwadago mulki. Juyin mulkin ya ci a wasu garuruwa, ya faɗi a Madrid da Barcelona, ƙasa ta rabe biyu. Rundunar da ta fi kowace gogewa tana Maroko a hannun Janar Francisco Franco, ga teku tsakaninta da fagen daga, ga yawancin jiragen ruwan yaƙi sun tsaya da gwamnati. Hitler da Mussolini ne suka fitar da shi kunya: jiragen saman Jamus da na Italiya suka riƙa kwasar sojoji daga Tetuwan suna saukewa a Seville. Ingila da Faransa suka shirya yarjejeniyar ba-ruwanmu, ƙasashe 27 suka sa hannu, har da Jamus da Italiya da Tarayyar Sobiyet waɗanda suka riƙa taka ta da rana tsaka. Italiya ta tura dakaru fiye da 70,000 a tsawon yaƙin. Rundunar sama ta Jamus ta yi wa garin Guernica ruwan bamabamai ranar 26 ga Afrilun 1937. Zaɓaɓɓiyar gwamnati kuwa aka toshe mata kasuwar makamai, sai abin da Mosko ta sayar mata a bakin zinariyarta, da ɗan abin da Meksiko ta aiko.

A watan Satumbar 1936 ƙungiyar 'yan kwaminis ta duniya, Komintan, ta ɗauki nauyin tara 'yan sa-kai. Ana tantance su a Paris, a horar da su a Albacete. Jimillarsu kimanin 35,000 ne: Faransawa kusan 9,000, Amurkawa 2,800, 'yan Birtaniya da Ayalan wajen 2,500, sai Jamusawa, Italiyawa, 'yan Polan, 'yan Kanada, 'yan Kyuba, har da 'yan Sin ƙalilan. Sunayen marubuta ne suka fi fita, amma yawancinsu leburori ne: masu haƙar kwal, ma'aikatan tashar jirgin ruwa, direbobi, da waɗanda karayar tattalin arzikin 1929 ta bari ba aikin yi. Amurkawa 96 na farko sun tashi daga New York ranar 26 ga Disambar 1936. Waɗanda suka biyo baya an buga wa fasfonsu hatimin hana shiga Sifaniya, don haka sai mutum ya sauka Faransa da sunan ɗalibi ko ɗan yawon buɗe ido, dare ya yi a bi da shi ta duwatsun Pyrenees a ƙafa. Kusan ɗaya cikin biyar bai koma gida ba.

Ga Bajamushe ko Ba'italiyen da ya riga ya gudo daga ƙasarsa, wannan yaƙin gida ne aka kawo shi wani fili. A Guadalajara a watan Maris 1937, bataliyar Garibaldi ta Italiyawa 'yan gudun hijira ta yi gaba da gaba da sojojin Mussolini, harshe ɗaya a ramukan ɓangarorin biyu. Ga baƙaƙen fatar Amurka su wajen 90, hanyar Madrid ta Habasha ta biyo. Da Italiya ta faɗa wa Habasha ranar 3 ga Oktobar 1935, dubban matasa a Harlem da Chicago sun rubuta sunansu za su je, gwamnatin Amurka ta ce doka ta hana. Addis Ababa ta faɗi a watan Mayun 1936. Bayan 'yan watanni sai ga Mussolinin nan dai a Sifaniya, inda ake iya kai masa hannu. Salaria Kea, nas ce a asibitin Harlem, ta yi aikin tara wa Habasha kayan asibiti kafin ta tafi Sifaniya a 1937. Oliver Law, haifaffen Texas da ya yi soja a rundunar Amurka mai wariyar launin fata, ya zama kwamandan bataliyar Lincoln ta Amurkawa a 1937 yana ba fararen fata umarni, shekara 11 kafin Shugaba Truman ya soke wariya a sojan ƙasar.

Kyamara ta isa fagen tun yaƙin na ɗanye, kuma ba da niyyar rubuta tarihi ta je ba. Neman taimako ya kai ta. Fim ɗin The Spanish Earth na Joris Ivens, wanda Ernest Hemingway ya yi wa sharhi da muryarsa, an nuna wa Shugaba Roosevelt shi a fadarsa a watan Yulin 1937, daga nan aka kai shi Hollywood aka tara kuɗin sayen motocin asibiti. Duk wanda zai yi amfani da hotunan wancan zamani sai ya riƙe wannan a ransa: an ɗauke su ne don su taɓa zuciya su buɗe aljihu. Duk da haka masanin tarihi na iya tatsar abin mamaki daga cikinsu. Wani mai bincike a Jami'ar New York, Juan Salas, yana duba hotunan da sashen ɗaukar hoto na birged ta 15 ta Rundunar Ƙasa-da-Ƙasa ya bari, sai ya ga mashahurin mai hoton Faransa Henri Cartier-Bresson tsaye cikin sojoji riƙe da kyamarar fim. Ya bi sawu har ya gano cewa wani faifai marar sauti mai tsawon minti 18 da ke ajiye cikin kayan tsofaffin mayaƙan shi ne fim ɗin da aka daɗe ana zaton ya ɓata. Aka fito da shi a 2010. Hoto ne ya tona fim, takarda ta ba fuskokin suna. Idan sana'o'in biyu suka haɗa hannu, irin abin da ake samu ke nan.

Fim ɗin da ya gina wa yawancin Amurkawa hoton waɗannan mutane a zuci shi ne The Good Fight na 1984, aikin Noel Buckner da Mary Dore da Sam Sills. Tsofaffi ne maza da mata zaune gaban kyamara suna ba da labari da bakinsu. Akwai Bill Bailey, ma'aikacin jirgin ruwa da ya hau jirgin Jamus mai suna Bremen a tashar New York a 1935 ya tsinko tutar 'yan Nazi ya jefa a ruwa. Akwai Evelyn Hutchins da ta yi tuƙin babbar mota a fagen daga. Akwai Ed Balchowsky, makaɗin fiyano da ya bar hannun damansa a Sifaniya ya ci gaba da kiɗa da hagu. Akwai Salaria Kea ita ma. Akwai Abe Osheroff, kafinta, wanda ya yi iyo zuwa gaɓa bayan an nutsar da jirgin Ciudad de Barcelona da ke ɗauke da 'yan sa-kai ranar 30 ga Mayun 1937. Babu littafin da zai iya ba ka abin da fuskokin nan ke bayarwa: inda murya ta sarƙe, inda tsoho ya yi dariyar wautar ƙuruciyarsa, inda ya yi shiru ya kau da kai.

Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, amma daɗi daban, cikar labari daban. Wa ke zama gaban kyamara bayan shekara 45? Wanda ya rayu, da farko. Sannan wanda ya iya magana, wanda bai yanke hulɗa da ƙungiyar tsofaffin mayaƙa ba, tunda ta hannunta ake samun adireshi, wanda kuma har yanzu yake ganin tafiyar a matsayin abu mafi kyau da ya taɓa yi. Wanda ya gudu daga fagen daga ba ya zuwa taron shekara-shekara. Wanda ya dawo yana tsine wa jam'iyyar kwaminis ba a cika gayyatarsa ba. Bayan haka ga ɗakin tacewa, inda hirar sa'o'i ke komawa minti biyar, kuma darakta ne ke zaɓar minti biyar ɗin. Lokacin ma yana da nasa hannu a ciki. An yi fim ɗin ne sa'ad da gwamnatin Reagan ke mara wa 'yan tawayen Nikaraguwa baya, tsofaffin kuma na tara kuɗin aika motocin asibiti can. Kowa a zauren kallo ya san ana maganar Sifaniya ne ana nufin Amurka ta Tsakiya. Wannan bai mai da shaidar ƙarya ba. Ya dai nuna cewa shaidar 1984 ce game da 1937.

Sai ga takardu sun zo da nasu. A ƙarshen yaƙin an kwashe kundin Rundunar an kai Mosko, aka kulle shi fiye da shekara 50. Rushewar Tarayyar Sobiyet a 1991 ce ta buɗe ƙofar. Abin da ke ciki ya wuce tunanin mutum: fam ɗin da kowane ɗan sa-kai ya cike da hannunsa, sana'arsa, ƙungiyar ƙwadagonsa, sau nawa aka taɓa kama shi, littattafan da ya karanta, a ƙarshe kuma 'yan layuka daga kwamishinan siyasa, jami'in da ke kula da aƙidar sojoji, yana cewa wannan abin dogaro ne, wancan mashayi ne, wancan ana zarginsa da bin Trotsky, abokin gabar Stalin. Akwai jerin waɗanda suka gudu, da waɗanda aka tsare, da waɗanda aka harbe. An kuma san cewa fasfunan da aka karɓe daga hannun 'yan sa-kai wasu sun ƙare a hannun 'yan leƙen asirin Sobiyet. Ramón Mercader, wanda ya kashe Trotsky a Meksiko a watan Agustan 1940, da fasfon wani ɗan sa-kai na Kanada da ya mutu a Sifaniya ya yi tafiya.

Peter Carroll na cikin masanan farko da suka shiga wannan kundi, bayan ya daɗe yana hira da tsofaffin. Littafinsa na 1994 kan rundunar Lincoln bai ɓoye gudun soja da hukuncin kisa ba, amma ya tsaya a kan cewa mutanen sun je ne da zuciya ɗaya don yaƙar fasistanci. A 2001 Ronald Radosh da abokan aikinsa suka fitar da tarin takardun Sobiyet mai suna Spain Betrayed, suka karanta kundin ta wata fuska: Stalin ne ya yi amfani da Jamhuriya da 'yan sa-kai don biyan buƙatarsa. Takardun dai su ne, hukuncin ya sha bamban. Ni a ganina ɓangare na biyu ya faɗa ramin da ya zargi masu fim da shi, ya ɗauki takarda kamar ba ta da marubuci. Jami'in da ke aika rahoto Mosko a 1938 ya san ana harbe mutane a can kan laifin sakaci da maƙiya, don haka gano maƙiya a kowane lungu shi ne kariyarsa. Neman halin soja a fayil ɗin kwamishinan siyasa kamar neman halin amarya ne a bakin uwargida: za ka ji wani abu na gaskiya, amma kada ka yanke hukunci a kai.

Mutuwar Oliver Law ta nuna yadda abin ke rikicewa. An kashe shi ranar 9 ga Yulin 1937 a yaƙin Brunete, yana jagorantar hari kan wani tudu. Shekaru da yawa bayan haka wani tsohon ɗan bataliyar, William Herrick, wanda ya juya wa jam'iyyar kwaminis baya, ya yaɗa cewa mutanensa ne suka harbe shi saboda sun gaji da yadda yake jefa su cikin halaka. Wasu littattafai suka ɗauka. Amma Herrick ba ya wurin, an ji masa rauni tun a yaƙin Jarama a watan Fabrairu, labarin ji ya yi. Carroll ya nemo waɗanda ke tare da Law a kan tudun, suka ce harsashin abokan gaba ne ya same shi. Shaidar baka ce ta ƙaryata shaidar baka, kuma abin da ya raba gardamar tsohuwar tambaya ce ta alƙali: kana wurin? Har yanzu labarin Herrick na yawo, domin ya fi daɗin faɗa ga wanda dama ba ya son a ce baƙar fata ya iya riƙe bataliya, ko wanda ke son ya ga komai na rundunar ruɓaɓɓe ne.

Ken Loach ya bi wata hanyar a Land and Freedom na 1995, wasan kwaikwayo kan wani matashin Liverpool da ya shiga rundunar jam'iyyar POUM, wadda George Orwell ya yi yaƙi a cikinta, ya ga yadda 'yan kwaminis suka murƙushe ta bayan rikicin Barcelona na Mayun 1937. Abin ya faru da gaske, har shugabanta Andreu Nin aka sace aka kashe. Tsofaffin mayaƙan Birtaniya sun fusata duk da haka, suna cewa dubbai sun yi jini a Jarama da Ebro, ga shi duniya za ta san yaƙin ta labarin 'yan tsiraru. Suna da hujja, shi ma yana da tasa.

Firayim Minista Juan Negrín ya sanar da janye baƙin a Geneva a watan Satumbar 1938, aka yi musu faretin ban-kwana a Barcelona ranar 28 ga Oktoba. Abin da ya biyo baya ba ya shiga jaka ɗaya. Waɗanda ba su da ƙasar komawa suka ƙare a sansanonin tsare mutane na Faransa irin su Gurs, wasu har Djelfa a Aljeriya. Ɗaya daga cikin mayaƙan, Henri Rol-Tanguy, ya jagoranci boren Paris a 1944. Suwizalan ta ɗaure nata, ba ta wanke su ba sai 2009. Amurka ta sa ƙungiyarsu cikin jerin masu zagon ƙasa a 1947. Hungari ta rataye ɗaya daga nata, László Rajk, a 1949. A Jamus ta Gabas kuwa tsofaffin mayaƙan Sifaniya biyu, Wilhelm Zaisser da Erich Mielke, su suka riƙe hukumar 'yan sandan ciki da ta addabi jama'a. Wanda ke son fim mai jarumai zalla sai ya yanke rabin wannan sakin layi.

To, duk wannan muhawara, mai zafi da mai sanyi, kan mutum 35,000 ake yin ta. A ɗaya ɓangaren ramin akwai 'yan Maroko da ƙiyasi ya kai tsakanin 70,000 da 80,000, kusan ninki talatin na Amurkawa, kuma fiye da 10,000 daga cikinsu a can suka mutu. Amurkawan suna da kundi a ɗakin karatu na Tamiment a Jami'ar New York, da mujalla da ke fita har yau, da gumakan tunawa a garuruwa. 'Yan Marokon an daɗe ba a ambatarsu sai da kalma ɗaya ta raini da tsoro.

Labarinsu kuwa ya fi na kowa sarƙaƙiya. Yawancinsu daga arewacin Maroko suke, ƙasar Rif da kewayenta, inda Abdulkarim al-Khaɗɗabi ya ragargaza sojan Sifaniya a Annual a 1921, inda kuma Sifaniya ta rama da iska mai guba a kan ƙauyuka da kasuwanni kafin ya miƙa wuya a 1926. Franco kansa a wannan yaƙi ya yi suna. Shekara goma kacal bayan haka sai ga 'ya'yan duwatsun nan suna layin shiga rundunarsa. María Rosa de Madariaga, masaniyar tarihin da ta buga littafi kan batun a 2002, ta ɗora nauyin a kan yunwa: fari ya ci amfanin gona, ga mai ɗaukar soja yana ba da albashin wata biyu a hannu da sukari da mai da burodi ga iyali. Shugabannin ƙabilu da ke cin albashin 'yan mulkin mallaka suka taya da matsi. Aka kuma yi wa abin ado da addini. Yaƙin da limaman coci ke kira yaƙin kare Kiristanci, a kasuwannin Rif an sayar da shi a matsayin yaƙin masu imani da waɗanda ba su yarda da Allah ba. A 1937 Franco ya ba da jirgin ruwa aka kai alhazai Makka. Aka tanadar wa sojojin malamai da mahauta da asibitoci da maƙabartu nasu, irin ta Griñón kusa da Madrid.

Ba za a wanke su tas ba. Rundunar Franco ta Afirka, Sifaniyawan cikinta da 'yan Marokon cikinta, ta yi kisan gilla da fyaɗe da wawaso a hanyarta daga Seville zuwa Madrid, kuma abin da aka yi a Badajoz a watan Agustan 1936 sananne ne. Amma hafsoshin Sifaniya ne ke ba da umarni, su ne kuma suka mai da tsoron Balarabe makami, Janar Queipo de Llano yana yi wa mata barazana a rediyon Seville. Jamhuriya ita ma ta amsa da zane-zane da waƙoƙin da suka farfaɗo da ƙiyayyar ƙarnoni. Mafi muni, ta samu damar kashe wutar daga tushe ta ƙi. A watan Satumbar 1936 'yan kishin ƙasar Maroko sun je Barcelona da tayin tayar da bore a bayan Franco idan za a ba yankinsu 'yancin cin gashin kai. Gwamnatin Madrid ta ƙi, don kada ta ɓata wa Faransa da Ingila rai, ƙasashen da dama sun hana ta makami. Langston Hughes, marubuci baƙar fata da ya je a matsayin ɗan jarida a 1937, yana cikin 'yan kaɗan da suka tsaya suka dubi fursunan Maroko suka ga ɗan'uwa da mulkin mallaka ya tura ya mutu a rigimar wasu.

Me ya sa aka yi shiru a kansu? Masanin tarihi na bin takarda, su kuwa ba su bar wasiƙu da littattafan tunawa da Turanci ko Faransanci ba, abin da aka rubuta a kansu hafsoshinsu ne suka rubuta. Mai fim na bin ƙungiya da adireshi da harshen da masu kallo ke ji, su kuwa sun koma ƙauyuka suna magana da Tarifit da Larabcin Maroko. Ga kuma rashin mai buƙatar labarin. Masu ra'ayin sauyi na Turai na kallonsu a matsayin karnukan farautar Franco. Magoya bayan Franco ba sa son a tuna cewa Musulmi ne suka share musu hanya. Maroko bayan 'yancin 1956 tana da Abdulkarim da za ta yi alfahari da shi. Sai a 2006 Driss Deiback, haifaffen Melilla, ya fitar da Los perdedores, ma'ana waɗanda suka yi asara, inda ya zauna da tsofaffin da suka ci yaƙi suka tashi da fanshon da bai taka kara ya karya ba. Ali Al Tuma ya haɗa hira da ragowarsu da takardun sojan Sifaniya a littafinsa na 2018, ya nuna mutane masu lissafin kansu, masu ƙorafi da ciniki da gudu idan ta ɓaci, ba dabbobin da farfaganda ta zana ba.

Akwai Larabawa a ɓangaren Jamhuriya ma, ɗaruruwa, mafi yawansu 'yan Aljeriya ma'aikata a Faransa. Wanda aka fi sanin labarinsa Najati Sidƙi ne, ɗan jarida haifaffen Ƙudus, wanda Komintan ta tura a 1936 don ya janyo 'yan Maroko daga Franco. Ya rubuta takardun kira da Larabci, ya je bakin daga wajen Kurɗuba ya ɗaga lasifika ya kira su 'yan'uwa, aka amsa masa da harsasai. Ya gane cewa magana ba za ta yi ba sai an yi wa Maroko alkawarin 'yanci, shugabannin jam'iyya suka toshe kunne, ya bar ƙasar. Daga baya jam'iyyar ta kore shi saboda ya ci gaba da sukar 'yan Nazi a lokacin da Stalin ya ƙulla yarjejeniya da Hitler. Amal Ramsis, 'yar Masar, ta yi fim a kansa a 2018, kuma ta yi dabarar da ta dace: maimakon fagen daga sai ta bi 'ya'yansa da suka warwatsu a ƙasashe, babbar ta tashi a Tarayyar Sobiyet nesa da iyayenta, Rashanci ya zama harshenta. Babu fam a kundin Mosko mai gurbin rubuta abin da tafiyar uba ke ci wa gida. Nan kyamara ta fi takarda nesa ba kusa ba.

A ƙarƙashin duk wannan akwai rabon da ake yi tun farko, wane ɗan sa-kai ne, wane sojan haya. Yaƙin Sifaniya bai yarda da rabon cikin sauƙi ba. Jamhuriya ta ɗauki wasu matuƙan jirgin sama Amurkawa kan dala 1,500 a wata da ƙarin 1,000 kan kowane jirgin da suka harbo. Franco kuma ya samu 'yan sa-kai na haƙiƙa, 'yan Ayalan wajen 700 da Eoin O'Duffy ya kawo don kare coci, waɗanda faɗansu na farko da wata rundunar Franco ce da ta ɗauke su abokan gaba. Mu ma mun ga irin wannan a yaƙin basasar Nijeriya. Rolf Steiner, tsohon sojan rundunar baƙi ta Faransa, ya riƙe wa Biyafara rundunar kwamando har aka kore shi a 1968. Carl Gustaf von Rosen ɗan Suwidin, wanda ya tuƙa jirgin agaji a Habasha a yaƙin Mussolini, ya fara da kai abinci ya ƙare da kai hari kan filayen jiragen sama a 1969. Matuƙan Masar kuma sun yi wa gwamnatin tarayya aiki. Wakilan Nijeriya ne suka gabatar da shawarar da ta zama sashe na 47 na ƙarin yarjejeniyar Geneva ta 1977, wanda ya fayyace sojan haya: sai an nuna kuɗi ne ya kawo shi, an yi masa alkawarin abin da ya zarce albashin sojan ƙasar nesa, kuma ba ya cikin rundunar hukuma ta ɗaya daga masu faɗan. Da wannan ma'auni ɗan Rif ba sojan haya ba ne, tunda sojan Sifaniya ne mai lamba kuma ba a biya shi wani abin a-zo-a-gani ba. Ba kuma wanda zai kira shi ɗan sa-kai irin Oliver Law. Sifaniya ta yi wa mayaƙan Rundunar Ƙasa-da-Ƙasa tayin zama 'yan ƙasa a 1996, dokar 2007 ta cire sharaɗin sai sun ajiye tasu ƙasar. Ɗan Rif kuwa ya faɗa tsakani.

Sunansa na gaskiya sojan mulkin mallaka, kuma wannan ba baƙon abu ba ne a ƙasar Hausa. Shekaru kaɗan bayan Sifaniya, runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma suka tafi Boma yaƙi da Japan, an tara da yawansu ta hannun sarakuna da hakimai, Hausa ce kuma harshen bariki. Fim ɗin da aka fi sani kan wannan tafiya shi ne Burma Boy na Barnaby Phillips, wanda Aljazira ta nuna a 2011. Jaruminsa Isaac Fadoyebo ne, Bayarabe daga yankin Owo, kuma Phillips ya kai gare shi ne saboda ya zauna ya rubuta abin da ya same shi da Turanci, rubutun ya isa wani ɗakin karatu a Landan.